Makarantar Garken Tumaki

Akwai wani dattijo mai kiwon zuma, sunansa Zdravko, a wani ƙauye cikin duwatsun Rodopi na ƙasar Bulgariya. Mutum ne da ko gaishe shi ka yi sai ya tsaya nazarin abin da kake nema a wurinsa.

Makarantar ƙauyen ta daɗe a rufe, matasa sun watse birni. Ana nan sai wata mata mai suna Nevena ta dawo daga birnin Plovdiv ta tare a gidan kakarta. Ta share wani tsohon ɗaki da a da garken tumaki ne, ta jera benci, ta ce duk ranar Alhamis wanda ya iya wani abu ya zo ya koya wa saura. Wannan ya nuna auren bishiya, waccan ta koyar da yin cuku. Ba a biya, ba jarrabawa.

Zdravko ya ce ruwa ba ya tsami banza. A shagon kofi ya riƙa gaya wa tsofaffi cewa ko dai kujerar mai gari take hari, ko kuwa wani kamfani ne ya turo ta leƙen gonakinsu.

Ran nan Nevena ta same shi wajen amyoyinsa.

"Baba Zdravko, kowa ya ce ba wanda ya san zuma kamarka. Ka zo ka koya mana."

"Wa ya aiko ki?"

"Ba kowa."

"To ki koma ki gaya wa ba kowan ba ki same ni ba."

Bai tsaya nan ba. Wata Alhamis ya laɓe ya leƙa ta taga. Sai ya ga tsofaffin mata sun cika buhu da ciyawa, sun sa masa riga, kowace ta rungume shi ta baya tana matsawa. Kafin yamma ya baza a gari cewa tsafi ake yi a garken. Mutane da dama suka janye ƙafa. Matarsa Tsveta kuwa ya kafa mata doka kada ta kuskura ta je. Ta ce to. Amma ya lura duk Alhamis sai ziyarar ƙanwarta ta taso, abin yana cin sa a rai.

Ranar bikin Waliyyi Georgi aka gasa rago, maƙwabta suka haɗu cin abincin rana. Zdravko na tsaka da kwaikwayon rungumar buhu, ana dariya, sai tsoka ta maƙale masa a wuya. Numfashi ya tsaya. Ya so ya yi magana, ko tari ya kasa. Wani ya ruga ɗebo ruwa, wani ya kira motar asibiti, alhali kowa ya san nisan da ke tsakanin ƙauyen da asibiti.

Gani yake duniya na yin duhu lokacin da ya ji an rungumo shi ta baya. Tsveta ce. Ta dunƙule hannu ƙasan haƙarƙarinsa, ta riƙa fizgowa sama da ƙarfi har tsokar ta faɗo kan tebur.

Da ya dawo hayyacinsa ya tambaye ta inda ta koyi wannan. Ta ce wata tsohuwar ma'aikaciyar jinya ce ta koya musu a garken, da buhun nan da yake yi wa dariya.

"Da na bi dokarka, tsoho, da yanzu kafinta na auna tsawonka don akwatin gawa."

Zdravko ya yi kwanaki ba ya iya haɗa ido da kowa. Daga baya ya je shagon kofi, a gaban mutanen da ya gaya wa ƙarya, ya ce shi ne ya yi kuskure, su koma.

Da Alhamis ta zagayo ya shiga garken, hula a hannu. Nevena ta nuna masa gaba, ta ce ga ɗalibai suna jiran darasin zuma.

"Zuma ta jira, 'yata," in ji shi. "Ku fara koya mini abin nan. Tsohuwata haƙoranta sun ƙare, kuma ba ta haƙura da nama ba."

Darasi: Kada zargi ya sa ka rufe ƙofar ilimi don kawai ba a aji aka buɗe ta ba. Abin da ba ka gane ba, tambaya ake yi, ba ƙage ba. Ku tura wa 'yan'uwa su ma su amfana.