Zaren da Ya Ƙi Jawuwa

A zamanin da, can da nisa, an yi wani birni da masaƙansa suka gano yadda ake saƙa yini kamar yadda ake saƙa zane. Suka kafa wata babbar masaƙa a ƙofar fada, zarenta na tafiya tare da rana. In abu ya ɓaci, sai a ja zaren baya kafin magariba, gari ya koma safiya, kowa ya manta abin da ya faru, ban da wanda ya ja da wanda ya ɗaura bakin zaren a hannunsa. Sharaɗin guda ne: zaren ba ya jawuwa sai a hannun wanda ke baƙin cikin yinin nan har cikin zuciyarsa.

Kai, birnin nan ya ga arziki! Magini ya ɗora bene bisa bene, in ya rushe ya ja zare, ya sake da dabarar da ta fi. Masu magani suka daina tsoron gwaji. Maƙera suka ƙera keken da ke ɗebo ruwa da kansa, da madubin duba taurari, marina suka fito da launukan da ido bai taɓa gani ba, malamai suka cika zauruka da littattafai.

Sai sarauta ta faɗo hannun Sarki Gagarau. Shi kuwa abin da ya hango a masaƙar daban ne. Ya hana kowa ɗaura bakin zaren sai shi. In an kawo masa sabon takobi, a wuyan bafade yake gwada kaifinsa. Kai ya gangara, jini ya malale dandamali, sa'an nan ya sa a jawo uwar mamacin ko matarsa, ta tsallake gawar tana kururuwa ta ja zare. Bafade ya wayi gari yana dariya bai san komai ba, ita kuwa ta kasa haɗiye tuwo. Ko ƙanensa Yarima Nomau bai tsira ba, ya soke shi da mashi, ya jefa shi rijiya, kullum kuma uwarsu, Mai Babban Ɗaki, ita ake sawa ta ja. Ni dai ban san mugunta da ta kai wannan ba.

Ran nan Sarki ya tara malamai ya ce, “Na ga idon mutum ɗari takobi na sauka, amma ban san abin da suke gani ba. Ku gaya mini kafin azahar. In kun kasa, zan fille kan shugabanku, Malam Barmo, kuma ba za a ja zare ba.”

Malam Barmo kuwa yayan Waziri Cindo ne, shi ya goya shi bayan rasuwar iyayensu. Waziri ya matso gaban Sarki. Ya faɗi ya yi gaisuwa ya ce, “Allah ya ja zamanin Sarki, malamai ba su da laifi. Wanda aka kashe mantawa yake yi, sai mai zare a hannu ke tunawa. Duk ƙasar nan kuwa hannu ɗaya ne ya cancanci zaren.”

Sarki ya zare ido ya ce, “Wuyana kake so, Cindo?”

Waziri ya ce, “Wane ni, ranka ya daɗe! Ilmi ne da ba wani sarki da ya taɓa samu. Ga talakawanka, ga fadawa, ga uwar da ta haife ka. A rasa mai ja?”

Girman kai ya rufe wa Sarki ido. Ya ɗaura zare, ya durƙusa, ya daka wa hauni, mai sare kawuna, tsawa. Hauni bai yi sara biyu ba. Kan Gagarau ya gangara har gindin masaƙa, rawani na warwarewa a bayansa.

Waziri bai ci amana ba, shi ya fara kama zaren ya ja iya ƙarfinsa. Ko motsi. Fadawa suka gwada, dogarai suka gwada, aka yi shela gari ya taru, mai ja na ja har tafin hannu ya tsage, zare yana nan kamar an kafe shi da ƙusa. Rana ta yi ja.

Sai aka kawo Mai Babban Ɗaki. Ta dubi kan ɗanta a cikin ƙura, ta fashe da kuka, ta naɗa zaren a hannu ta ja har jini ya ɗiga daga yatsunta. Yarima Nomau ya matso ya ce, “Iya, ƙara ƙoƙari, yayana ne.” Bai san komai ba, bawan Allah.

Ta dube shi, ta dubi wuyansa da ƙirjinsa, duk inda ta sha ganin jini. Ta ce, “Wallahi ina kuka, Nomau, amma zaren ya fi ni sanin zuciyata.” Ta saki, rana ta faɗi.

Da gari ya waye aka naɗa Nomau. Waziri ya ba da shawara, aka kafa doka cewa masaƙa ta magina ce da maƙera da masu magani, wanda kuwa ya zub da jini da gangan, ko an ja zare sai ya gurfana gaban alƙali. Malam Barmo ya koma zaurensa da kansa bisa wuyansa, birni ya ci gaba da bunƙasa. Ran nan ne Mai Babban Ɗaki ta fara cinye tuwonta.