Kunnen Farfesa Hargrove

Akwai wani mutum a birnin Toledo na ƙasar Amurka mai suna Wendell Hargrove. Shi ne jagoran ƙungiyar makaɗan garin, yana koyar da kiɗa a jami'a, yana kuma tsara nasa. Idan ya ɗaga ɗan siririn sandansa, masu goge da masu busa da masu ganga sai su yi tsit suna jiran hannunsa.

Ba abin da yake tinƙaho da shi kamar kunnensa. Ko tsirkiya ɗaya ce ta saki a cikin taron, sai ya nuna mai ita da sanda.

Da shekaru suka ja, kunnen ya fara ja da baya. Matarsa Lorraine ce ta fara lura, domin kullum sai ya ƙure muryar talabijin.

Ta ce, "Wendell, ka je likita ya duba ka mana."

Ya ce, "Lafiyata ƙalau. Ke ce kike magana ciki-ciki."

"To, ni da talabijin da karen maƙwabta duk mun koma magana ciki-ciki ke nan."

Bai yi dariya ba, bai kuma je ba.

A lokacin ana shirin gabatar da wani kiɗa da ya daɗe yana tsarawa, wanda yake fatan da shi za a riƙa tunawa da shi. A wajen gwaji sai ya lura makaɗan ba shi suke kallo ba. Idanunsu na kan Odessa Pruitt, shugabar masu goge, tsohuwar ɗalibarsa da ke zama daf da shi. Da ta gyaɗa kai sai su shiga.

Ransa ya ɓaci. Ya sauke sanda ya ce, "Odessa, jagora nawa ne a ɗakin nan?"

Ta ce, "Ɗaya ne, Farfesa."

"To, tattara gogenki. Idan kin samu taki ƙungiyar, kya gyaɗa musu kai."

Ta sa gogenta a akwati ta fita.

Washegari gwaji ya dagule. Masu busa suka riga masu goge shiga, mai ganga ya tsaya yana rarraba ido. Ya sa aka sake, aka kuma sakewa, abin sai ƙara lalacewa yake. Can ya hangi mai sarewa, kumatunsa sun cika, yatsunsa na motsi, amma shi bai ji komai ba. Ya daɗe a tsaye yana kallonsa. Sannan ya sallami kowa.

Da la'asar ya tuƙa mota zuwa gidan Odessa. Ya same ta tana kwashe ƙanƙara a ƙofar gida da shebur.

Ta ce, "Farfesa, bi ta nan, can akwai santsi."

Ya ce, "Tun yaushe kuka sani?"

Ta jingine shebur. "Tun bara. Kana makara wajen ba masu sarewa hannu, saboda ba ka jin su. Shi ne muka shirya in riƙa gyaɗa musu kai."

"Me ya hana ku gaya mini?"

"Wa zai fara? Duk abin da muka iya kai ka koya mana. Mun ga gara ka yi ta yi mana faɗa da a yi maka dariya a bainar jama'a."

Hargrove ya sunkuyar da kai. Ashe mutanen da yake yi wa tsawa kullum su ne ke rufa masa asiri. Ya ce, "Ki yafe mini, 'yata."

"Ya wuce. Shigo ka sha gahawa, hancinka har ya yi ja don sanyi."

Kafin ya bar gidan ya roƙe ta ta karɓi sandan. Ita ta jagoranci kiɗan ranar taron, shi kuwa yana zaune cikin 'yan kallo kusa da Lorraine, da na'urar da likita ya saƙala masa a kunne. Bai ji duka ba, amma ya ga fuskokin mutane, ya kuma san an buga shi yadda yake so.

Bai sake jagorantar ƙungiya ba, amma ya ci gaba da koyarwa har tsufa ya zaunar da shi. Ɗalibansa na baya-baya sun ce ba su taɓa samun malami kamarsa ba. Idan ɗalibi ya gama kiɗa, sai ya juyo wajen sauran ya ce, "Ni kunnena ya yi ritaya. Ku gaya mini abin da kuka ji, sai mu gyara tare."

Darasi: Kada girman kai ya hana ka amsa rauninka. Wataƙila wanda kake gani yana neman kujerarka shi ne ke riƙe maka ita don kada ka faɗi. Ku tura wa 'yan uwa da abokai, ko wani zai tuna da wanda ya kamata ya nemi afuwarsa.