Takardar da Sa'adiyya ba ta sa an buga wa hatimi ba

Akwai wata yarinya mai suna Sa'adiyya, 'yar Malam Daudu manomi a Gwiwa. Shekarar ta kwanta mini, amma na tuna gero ya yi kyau.

A ajin ƙarshe na jami'a aka ce ta faɗi darasi ɗaya, wanda kuma ta fi iyawa. Ta rubuta takarda tana roƙon a sake duba jarrabawarta, ta kai wa wani dattijo mai kula da ofishin jarrabawa. Ta durƙusa ta gaishe shi, ya karɓa ya ce, "Je ki, za a duba."

Wata bakwai shiru. Ƙawayenta suka tafi bautar ƙasa, ita tana gida tana tsince wake. Sau huɗu Malam Daudu yana zuwa da kansa, ana ce masa a ƙara haƙuri. A zuwan ƙarshe dattijon ko ɗago kai bai yi ba. Ya ce, "Wace takarda? Ni ban ga wata takarda ba."

Shi da Sa'adiyya suka je Kazaure wurin wata lauya, Zaituna. Lauyar ta ce, "Kotu ba ta ba da maki, Baba. Amma tana iya tilasta musu su duba. Ƙanwata, ina kwafin da dattijon ya buga wa hatimi?"

Sa'adiyya ta sunkuyar da kai. "Anti, sa'an babana ne. Na ji nauyin in ce ya sa hannu, kamar ina ƙaryata shi."

Zaituna ta ce, "To, wata bakwai ɗin nan sun tafi. Sai mu soma daga farko. In aka sake rufe sunayen masu bautar ƙasa, wata shekarar ce kuma."

Sa'adiyya ta koma ofishin da sabuwar takarda, kwafi biyu. Ta durƙusa ta yi gaisuwa yadda ta saba, ta miƙa wa dattijon, ba ta tashi ba.

"Me kuma kike jira?"

"Hatimi, Baba, da kwanan wata."

"Au, ba ki yarda da ni ba ke nan?"

Ta ce, "Ni na san ka, Baba. Alƙali ne bai san ka ba."

Ya jawo hatimin ya buga.

Wa'adin da lauya ta ba jami'a a takardar ya cika ba amsa, aka je kotu. Alƙali ya ga hatimin, ya ba da umarni a duba. Ashe shafi biyu na takardar jarrabawarta ne suka manne, ba wanda ya karanta su. Ta ci, sunanta ya shiga cikin masu bautar ƙasa.

Shekarar da ta rasa dai ba kotun da ta iya mayar mata.

Darasi: Girmama babba wajibi ne, amma neman shaida ba rashin kunya ba ne. Ku gaisa da ladabi, ku karɓi kwafinku da hatimi, in an ƙi ku nemi lauya. Ku tura wa duk ɗalibin da ke zaune yana jira.