Biskit ɗin da Aka Ajiye wa Masu Zuwa

Akwai wata gwauruwa wadda 'ya'yanta duk suka koma birni. Kowace Kirsimeti takan soya gyaɗa, ta murje, ta daka, ta kwaɓa da fulawa da sukari. Ba ta da murhun gashi, sai ta zuba yashi a tukunya, ta jera biskit a kan faifan ƙarfe, ta ɗora garwashi bisa murfi.

A wata shekara, tana cikin gashi, babban ɗanta ya kira ta a waya.

"Mama, aiki ya riƙe mu. Sai Sabuwar Shekara."

"To, Allah ya kai mu," in ji ta. Ta zuba biskit a gwangwani, ta rufe gam.

Ranar Kirsimeti, ga maƙwabciyarta Rifkatu, ma'aikaciyar jinya da aka turo daga nesa, wadda ba ta da kowa a garin. Ta kawo shinkafa a kwano.

"Mama, barka da Kirsimeti! Ƙamshin nan naki tun jiya ya hana ni sakat. Ko gutsure ba za a sam mini ba?"

To, a garin nan ba a mayar da kwanon biki wayam. Amma gwauruwar ta juye shinkafar, ta wanke kwanon, ta miƙa mata.

"'Yar nan, na yara ne."

Rifkatu ta yi ɗan murmushi, ta koma ɗakinta. Kowacce ta ci abincinta ita kaɗai, katanga ɗaya tsakaninsu.

Sabuwar Shekara ta wuce, ba wanda ya zo. Bayan wata biyu ta buɗe gwangwanin, ta tarar gyaɗar ta yi ɗaci. Kunya ta kama ta, ta gasa sabo, ta kai ƙofar Rifkatu. Sai ta iske kwaɗo a ƙofar, an yi wa Rifkatu canjin wurin aiki.

Ma'anar misalin nan kuwa ita ce: biskit ɗin shi ne ƙaunar da Allah ya sa a zuciyarka. Ba kayan ajiya ba ce, in ka rufe ta ɗaci za ta yi. Jiran naka ba laifi ba ne, 'yan'uwa, amma Ubangiji yakan aiko maka wani tun kana jira. Ku duba bencin da kuke zaune a kai. Wa zai koma gida yau ya ci abinci shi kaɗai? Ku tare shi tun bai fita ƙofar majami'a ba.