Ƙwaryar Awon Baba Sulusi

Ku gyara zama, ku bar musun tsadar taki haka nan, na kawo muku wani musun da ya fi shi. Ni labarin kawai zan bayar, hukunci naku ne, don na daɗe ina juya shi a raina ban samu inda zan sauke shi ba.

A wani ƙauye da ake kira Kanyar Bawa, can arewa inda damina ba ta daɗewa, an yi wani manomi sunansa Tunau. Sai dai in ka shiga garin kana tambayar gidan Tunau, za ka sha yawo. Baba Sulusi kowa ya sani. Sulusi, in akwai wanda bai sani ba a cikinku, kashi ɗaya ne cikin uku. Kalmar malamai ce, wurin rabon gado aka fi jin ta. Shi Tunau bai yi karatu mai zurfi ba, amma tun da ya tsinci kalmar a bakin wani malami ta shige masa rai, ya ɗauke ta daga zaure ya kai ta gona da rumbu. Naman layya uku yake kasa shi: na gida, na dangi, na mabukata. Ko tuwo aka ajiye masa ba ya cika ciki, sai ya ce a bar wa ruwa wurinsa, a bar wa numfashi nasa. Har goro, da Allah ya yi shi ɓari biyu, sai Tunau ya sa farce ya fitar da uku. Abokan wasansa suka ce da yana da iko, atishawa ma sai ya raba ta uku kafin ya yi.

Babban rabonsa na kaka ne. Yana da wata tsohuwar ƙwaryar awo da ya gada wurin ubansa, ta sha ɗinkin gyartai har ba a gane asalin fuskarta. In an gama sussuka, sai ya zauna gaban tsibin gero da ƙwaryar nan yana zubawa wuri uku. Kashi ɗaya na ci ne. Kashi ɗaya na gona ne, a nemi taki da shi, a ciyar da 'yan gayya. Kashi na uku kuwa a rufe shi saboda baƙar shekara, a cikinsa ake ɗibar iri. A gidan nan, mai riƙe da ƙwarya shi ne mai gida. Shi kaɗai ke shiga rumbu, shi ke faɗin abin da za a ci da abin da za a bari, kuma ba a ja da awonsa. Geron nasu ma na gado ne, wani gajere mai saurin nuna wanda ba a samunsa a kasuwa.

Ana nan sai aka yi fari shekara biyu a jere. Ta farko, ajiyar Tunau ta ɗauke su, har masu yi masa dariya suka zo aron hatsi suna sunkuyar da kai. Ta biyu kuwa gero ya yi kara bai fitar da kai ba. Ga gonar gandu dama ta gaji, ciyawar ƙuduji ta cinye ta. Ga Tunau ya tsufa, idonsa ya dushe, matarsa ta daɗe da rasuwa. Da aka share gindin rumbu, abin da ya fito bai taka kara ya karya ba.

Sai ya kira 'ya'yansa uku. Akwai Nomau, babba, mai iyali, wanda ba ya magana sai ta gona. Akwai Barau, mai bi masa, mai buɗaɗɗen hannu da saurin fushi da saurin hucewa. Akwai autarsu Marka, wadda mijinta ya rasu ta dawo gida da ɗiyarta. Ya kuma kira ƙanwarsa Tabawa ta zama shaida. Ya lalubi ƙwarya ya auna geron nan wuri uku daidai wa daida. Ya ce, "Duk rayuwata ni ke kasawa, ni ke faɗin amfanin kowane kashi. Yau na kasa, amma ba zan faɗi ba. Kowa ya ɗauki sulusinsa ya yi abin da ya ga ya dace." Sannan ya miƙa wa Tabawa ƙwaryar ya ce, "Riƙe. Wanda kashinsa ya tsirar da gidan nan, ki ba shi." Tabawa ta ce, "Yaya, ko mace ce?" Ya ce, "Cewa na yi wanda ya tsirar da gida. Ban ce mai gemu ba."

Har yau ban sani ba ko hikima ce tsohon ya yi, ko kuwa nauyi ne ya sauke daga kansa ya ɗora wa yara. Mu dai mu bi su ɗaya bayan ɗaya.

Nomau ya ɗauki nasa ya fita da shi bayan gari. Akwai wani makiyayi mai suna Ja'e da ya sauka kusa da su, zai wuce kudu da shanunsa, 'ya'yansa rabonsu da hatsi an daɗe. Kun san al'adar da: manomi ya ba makiyayi hatsi, shi kuwa ya tsugunar da garkensa a gonar manomin har rani ya wuce. Nomau ya juye wa Ja'e geronsa kaf, bai rage ko ƙwaya ba, shanu suka koma gonar gandu suna cin karan da bai yi kai ba suna zuba taki. Gari ya ɗauka. Aka ce ga mutumin da ya sayar da abincin 'ya'yansa ya sayi kashin shanu. Matarsa ta kwashe kayanta ta yi gidan iyayenta, ta bar masa yaran ta ce ya ciyar da su takin. Shi Nomau kullum yana gona, yana matsa da turakun shanu daga wannan gefe zuwa wancan don taki ya game ko'ina, cikinsa kuwa ba komai sai abin da wani ya ba shi.

Wanin nan kuwa Barau ne. Shi bai tsaya dogon tunani ba. Ya dubi ubansa, ya dubi yaran gida da wuyansu ya fara tsawo, ya kai wa matarsa geronsa ya ce a daka. Kullum da safe yakan ɗebi cikin tafi, a dama kunu tsararo wanda in ka leƙa kana ganin fuskarka, a haɗa da tafasa da ganyen da aka samo a jeji. Tsoho ake fara ba, sannan yara, har da na Nomau da ɗiyar Marka, sannan manya. Shi Barau sau da yawa ludayi kawai yake lasa ya ce ya ƙoshi. Gidaje da dama a Kanyar Bawa sun watse a ranin nan, wasu sun tafi ci-rani ba su dawo ba, wasu sun binne ƙananansu. Gidan Tunau ba wanda ya tafi ci-rani, ba yaron da aka rasa. Amma gero ba ya haihuwa a cikin turmi. Da bazara ta shigo, zafi ya tsananta, hadari na haɗuwa yana watsewa, sai sulusin Barau ya ƙare kaf.

Marka kuwa tun ranar rabo ta samu tsohon tulu, ta gauraya geronta da toka saboda ƙwari, ta liƙe bakin da laka, ta haƙa rami ƙarƙashin gadonta ta binne. Ta sha kunun Barau kamar kowa, ɗiyarta ma ta sha. Da na Barau ya ƙare, sai idanu suka koma kanta. Barau ya zo ƙofar ɗakinta ya ce, "Marka, fito da geron nan, yara sun kwana biyu ba hatsi." Ta ce, "Yaya, ba na ci ba ne." Ya ɗauko taɓarya ya ce zai fasa ɗakin. Ta zauna daidai inda tulun yake ta ce sai dai ya fara fasa ta. Ya tsaya yana huci, ya jefar da taɓaryar ya fita yana hawaye. Matan gari suka daina amsa gaisuwarta.

Wannan duk mai sauƙi ne. Mai wuyar shi ne, a kwanakin nan jikin Tunau ya yi tsanani, ba abin da ke zama a cikinsa, ganye kuwa ko ƙanshinsa ba ya so. Wata rana da hantsi Marka tana yi masa fifita, sai ya ce, "Auta, ba ɗan kunun gero ko kaɗan? Shi kaɗai raina ke so." Ta san in ta fasa bakin tulun nan saboda tsoho, gobe za ta fasa saboda yara, jibi babu. Ta ce, "Baba, babu." Tsohon ya juya makafin idanunsa wajenta ya daɗe, sannan ya juya ya fuskanci bango. Ko daɗi ya ji da ya ga akwai mai riƙon ajiya a bayansa, ko kuwa zuciyarsa ce ta karye, Allah kaɗai ya sani. Bai daɗe ba ya rasu.

Ba a jima da yin sadakar bakwai ba sama ta saki ruwa. Marka ta tone tulunta ta kai tsakar gida ta fasa bakin, gero ya fito garau, ko ƙwaya ɗaya ƙwaro bai taɓa ba. Suka shuka shi a gonar da shanun Ja'e suka yi rani a kanta. Hannuwan da kunun Barau ya raya su suka riƙe fartanya, da ƙyar, amma sun riƙe, har sabon ganye ya fito ya tallafe su. Daminar ma gajeruwa ce. Waɗanda suka sayo iri daga kudu, ruwa ya ɗauke musu gero yana tsakiyar fure. Waɗanda suka samu ɗan gajeren iri suka zuba a gajiyayyar ƙasa, zangarniyarsu ba ta wuce tsawon yatsa ba. Gonar Tunau kaɗai ta tsaya baƙi ƙirin don kyau, ta nuna kafin ruwa ya janye. Matar Nomau ta dawo ba wanda ya je biko. Masu ƙin amsa gaisuwar Marka suka zo roƙon iri.

Aka yi girbi, aka yi sussuka, aka tara tsibi a masussuka. Amma ba dama a kai rumbu sai an kasa uku yadda aka saba, kuma ba mai kasawa sai mai ƙwarya. Tabawa ta zo ta zauna da ƙwaryar a cinyarta, ta ce kowa ya faɗi bakinsa.

Nomau ya ce, "Gwaggo, irin Marka cikin tulu ɗaya ne. Da a tsohuwar ƙasar nan aka zuba shi, da tulu biyu za mu girba. Ni na sha zagi, aurena ya kusa mutuwa, don ƙasa ta farfaɗo." Barau ya ce, "Gwaggo, ki tambaye shi me ya ci yana bin shanu. Ki tambayi Marka me ya hana a fasa tulunta tun farkon rani. Gawa ba ta shuka. Kuma Baba da kununa ya kai bazara." Marka ta ce, "Ni ba ni da ta cewa, Gwaggo. Kowace ƙwaya da ke tsibin nan daga tuluna ta fito. Abin da na biya kuwa, ba na fatan ɗayansu ya biya irinsa."

Tabawa ta dube su. Ta ga abin da ku ma kuka gani: ba tare da sun yi shawara ba, ɗaya ya ɗauki kashin gona, ɗaya kashin ci, ɗaya kashin ajiya, kamar uban nasu ne aka kasa uku. Amma ta ga ɗaya gefen ma. In ta ba Nomau, ta ba mutumin da zai iya duban yara masu yunwa ya kai hatsi waje. In ta ba Barau, ta ba mutumin da tausayi zai sa ya share rumbu kafin damina. In ta ba Marka, ta ba wadda ta iya ce wa ubanta babu alhali akwai.

Wani maƙwabci mai son sulhu ya ce a fasa ƙwaryar uku mana, kowa ya ɗauki sulusinsa, ai mai ita ma haka zai yi. Tabawa ta ce sakaina ba ta awo. Wani ya ce to a riƙa karɓa-karɓa, shekara-shekara. Ta ce Yaya bai ce haka ba, mutum ɗaya ya ce, kuma ba za ta sauya maganar mamaci ba. Tunau ya raba duk abin da ya taɓa shiga hannunsa uku, sai abu ɗaya da ya bari wanda ba ya rabuwa, kuma shi ya bar wa ƙanwarsa ta ji da shi.

Ga gero a ƙasa, kaji sun fara kewaya shi, rana tana yi, ga mutum uku zaune suna jira. To, jama'a, ku ne Tabawa yau. Tsakanin wanda ya ciyar da ƙasa, da wanda ya ciyar da mutane, da wadda ta hana kowa har ubanta don iri ya tsira, wa za ku miƙa wa ƙwaryar?