Jirgin da Waziri Ya Tayar Ba Rana

"Ni da kuke gani," in ji Waziri Bagudu, "na taɓa tayar da jirgi ranar da ko tsamiya ba ta da inuwa."

A fada ya faɗi haka, a zamanin da, a wata ƙasa da birninta ke bisa wani dogon dutse. Mutanen ƙasar nan Allah ya ba su ilimin hawan haske. Jirginsu kamar kwalekwale yake, an shimfiɗe cikinsa da farantan tagulla gogaggu, an kafa masa rumfar farin saƙi. In rana ta bugi tagulla sai haske ya yi tsalle sama, ya wuce ta gaban matuƙi ya daki rumfa, jirgi ya ɗaga. Da haka suke sauka kwari su sayo hatsi.

To, a shekarar nan damina ta zo da rigima. Ruwa ya cinye hanya, hadari ya rufe sama ya ƙi gusawa, matuƙa duk suna can kwari sun kasa dawowa. Jirgi ɗaya ya rage a birni, rumbuna kuwa in ka yi magana a ciki sai su amsa maka.

Sarki ya tara fada ya nemi shawara. Malam Jatau, shugaban masana haske, ya faɗi ya yi gaisuwa ya ce, "Allah ya ba ka nasara, in ba rana ba tashi. Sai mu raba abin da ya saura, mu jira."

Nan ne Waziri ya gyara amawalinsa, wanda ba a taɓa ganin ya sauka daga hancinsa ba, ya yi waccan magana. Ya ce hasken rani ya ɗura a gora ya toshe, ranar buƙata ya tsiyaya shi a kan tagulla. Fadawa suka ce, "Haka aka yi, ranka ya daɗe!" har da waɗanda lokacin ba a haife su ba.

Sarki yunwar talakawa ta hana shi sukuni, mai yunwa kuwa ba ya tsananta bincike. Ya ce, "Abin da Waziri ya iya, Malam ba zai kasa ba, sai in ɓoyewa yake. Ran Juma'a za a ɗaure shi a jirgi a tura daga bakin dutse. In ya tashi, ya kawo mana hatsi."

Malam Jatau ya hura wuta kusa da jirgi, hayaƙi ya ɓata tagulla. Ya aro fitilun unguwa ya jera, mai ya ƙare jirgi bai ko yi atishawa ba. Ya samo gora ya kafa bakinta sama ko ya tari haske, ta cika da ruwa. Sai ya tafi zauren Waziri ya durƙusa.

"Ranka ya daɗe, don Allah wace irin gora ce?"

"Mai dogon wuya."

"Da me aka toshe ta?"

"Haba Malam! Ni zan koya maka karatu? Je ka duba littattafanka."

Ya koma gida ya iske matarsa ta ɗauko ragowar farin saƙi tana awonsa da kamu, awon likkafani. Bai tambaye ta ba, ita ma ba ta ɗago kai ba.

Ran Juma'a gari ya taru a bakin dutse ana yayyafi. Kowa ya san ba tashi za a yi ba, amma wa zai ƙaryata Waziri a gaban Sarki? An ɗaure Malam, dogarai sun dafa jirgi, sai ga Magajiya Yalwa, gwaggon Sarki, tana dogara sanda, da ɗan kaskon man kaɗanya a hannu.

Ta ce, "Ku dakata, 'yan nan. Bagudu, ashe kai ma matuƙi ne ban sani ba? Sannu da wahala. Marigayi maigidana da ya hau haske sau ɗaya, tagulla ta gasa masa haɓa, gemu bai ƙara fito masa ba har ya koma ga Allah. Duk matuƙa haka suke, abin tausayi. Sauke amawalin in shafa maka."

Waziri ya ce, "Ranki ya daɗe, ai bai dace a gaban jama'a ba."

Sarki ya dube shi ya daɗe, sa'an nan ya ce, "Gwaggo ce. Sauke."

Ya sauke. Gemu ya zubo har ƙirji, baƙi wuluk, ya sha turare.

Sarki ya ce a kwance Malam Jatau, a kwance rawanin Waziri, a buɗe rumbunansa a ciyar da gari har rana ta fito. Sa'an nan ya ce, "Bagudu, ga jirgi, ko za ka ɗauko gorarka?"

Waziri ya ce, murya ƙasa-ƙasa, "Ta fashe, Allah ya ba ka nasara."

Magajiya ta kama gemun ta shafa, ta rufe kaskonta.

"Masha Allah," ta ce. "Wannan ko kusa da fitila ba a taɓa kai shi ba."