Shugaban da Ke Kora Don a Roƙe Shi

An yi wani mutum a nan zangonmu na Kumasi. Ba zan faɗi sunansa ba, don 'ya'yansa suna salla a cikinmu. Shi ne shugaban ma'aikata a wata hukumar lafiya ta gwamnati.

Ba ya sata, ba ya shan giya. Ciwonsa ɗaya ne: yana son a durƙusa masa.

Kun san al'adarmu. Idan an kori ɗan zango daga aiki, dangi sukan tara dattawa, a ɗauki goro, a je a ba shugaba haƙuri. Mutumin nan ya ɗanɗana wannan, ya ji daɗi. Da an kawo masa ƙarar ma'aikaci, ba ya kiransa, ba ya tambaya, sai kora. Sannan ya zauna a ƙofar gida yana jiran dattawa. Idan masu furfura sun gama durƙuso, sai ya ce ya yafe, a koma aiki. Unguwa kuma ta ce kai, Alhaji akwai tausayi!

Wata rana aka ce masa wata ungozoma mai suna Basiratu ta bar asibiti a lokacin aikinta. Ya kore ta. Alhali ita motar asibiti ta shiga da wata mai naƙuda da jini ya ɓalle wa, ta riƙe ta har babban asibiti. Tambaya ɗaya ta isa a san haka.

Kawunta, Malam Sanni, ya sayi goro, ya sanar da dattawa. Basiratu ta tare shi a ƙofa.

Ta ce, "Kawu, don Allah kada ku je. In kun durƙusa, kun amsa na yi laifi ke nan. Ni ba gafararsa nake nema ba, so nake a ji ta bakina, ko da a kotu ne."

Ya ce, "Ke yarinya, kotu ba wurin talaka ba ne. Me yaranki za su ci?"

Ta ce, "Zan soya ƙosai, Kawu."

Ta kuwa soya, a bakin tashar Oforikrom, mata suna nuna ta da baki suna cewa taurin kai ya kai ta. Wallahi, duk sanda na wuce na gan ta a bakin kasko, girmanta nake gani. Ƙungiyar ma'aikata ta ba ta lauya, aka shiga kotu.

To, ku ji yadda Allah ke kama azzalumi da hannunsa. Mutumin nan ya ce zai nuna wa alƙali cewa shi mai tausayi ne. Da kansa ya kira mutanen da ya taɓa mayarwa aiki, su zo su yi masa shaida. Suka zo, suka rantse. Lauyan Basiratu ya yi wa kowannensu tambaya ɗaya: "Kafin a kore ka, an ji ta bakinka?" Kowa ya ce a'a. Wani direba mai suna Seini ya ce, "Babana da ciwon gwiwa ya durƙusa a kan siminti, ni kuma har yau ban san laifina ba." Ya fashe da kuka.

Alƙali ya ce korar ba ta kan ƙa'ida, a mayar da Basiratu aikinta da sunanta mai tsabta.

Sai hukuma ta juyo kan shugaban. Aka sanar da shi laifinsa, aka ba shi lokaci, aka bar shi ya zo da lauya, aka saurare shi har ya gaji da magana. Sannan aka sallame shi. Yanzu yana zaman shagon ƙanensa a Suame Magazine, unguwar makanikai. Abin da ya fi ci masa rai shi ne ba ya iya ce wa kowa an zalunce shi, don kowa ya san an ji ta bakinsa.

Ya 'yan uwa, Allah ya san abin da Iblis ya yi, amma sai da ya tambaye shi dalili kafin ya kore shi. Kai wane ne da za ka yanke hukunci ba tambaya? Mai shago da yaransa, uba da 'ya'yansa, da ku nake. Kada ka mayar da haƙƙin mutum alfarmar da sai an roƙe ka.

Allah ya ba mu irin zuciyar Basiratu. Allah ya kiyaye mu da son a durƙusa mana, ya sa mu saurara kafin mu hukunta. Amin.